Tarihin Fafutukar Haƙƙin Mata da Masu Adawa da Ita: Amsa ga Wata Malama a Tudun Wada

Malama, na karanta tambayarki. Kin ce gardama ta kaure a ɗakin malamai na makarantarku da ke Tudun Wadar Kaduna bayan wata ɗaliba ta tambayi inda fafutukar haƙƙin mata, wadda ake kira feminizim, ta samo asali. Wasu abokan aikinki suka ce makirci ne na Turawa da aka shirya domin rusa gidajen Musulmi, kuma duk wanda ya tsaya mata a gaba addini yake karewa, wasu kuma suka ce duk mai adawa da ita maƙiyin mata ne. Kina son sanin abin da tarihi ya tabbatar.

Tarihi bai gaskata ko ɗaya daga cikin maganganun biyu yadda aka faɗe su ba. Abin da ya nuna shi ne, buƙatun da aka tara a ƙarƙashin wannan suna ba iri ɗaya ba ne, kuma adawar da aka yi musu ba daga tushe ɗaya ta fito ba. Wadda ta nemi a bar ta ta mallaki albashinta a Ingila, da wadda ta nemi ƙuri'a a Zariya, da wadda take neman a soke bambancin rabon gado, ba abu ɗaya suke nema ba, don haka wanda ya yi musu hukunci ɗaya, na yabo ko na suka, ya yi wa ilimi ha'inci.

A Turai lamarin ya faro ne daga wata matsala ta dokokinsu. A ƙarƙashin dokar Ingila ta da, mace idan ta yi aure ba ta da matsayin kanta a gaban shari'a. Kuɗin da ta samu da guminta na mijinta ne, kuma ba ta iya ƙulla yarjejeniya da sunanta. Sai a 1870 da 1882 majalisar ƙasar ta yi dokokin da suka ba matar aure ikon riƙe dukiyarta. A Faransa kuwa, dokar Napoleon ta 1804 ta sa matar aure ƙarƙashin ikon mijinta ta yadda sai a 1965 ta sami damar buɗe asusun banki ko kama aiki ba tare da izininsa ba. Ki lura da wannan da kyau, domin haƙƙin da waɗancan mata suka shafe shekaru suna nema, wato mace ta mallaki sadakinta da gadonta da ribar sana'arta, abu ne da fiƙihun Musulunci ya riga ya tabbatar tun ƙarnoni kafin nan. Mary Wollstonecraft ta wallafa littafinta a kan haƙƙin mata a 1792, kuma babbar hujjarta ita ce rashin ilimi ne ya sa ake ganin mata kamar masu ƙarancin hankali, ba halitta ba. Shekara guda kafin nan Olympe de Gouges ta rubuta nata bayanin a Faransa, tana tambayar 'yan juyin juya hali dalilin da ya sa 'yancin da suka shelanta ya tsaya ga maza. A 1793 aka fille mata kai saboda rubuce-rubucenta na siyasa, kuma a shekarar ce hukuma ta haramta ƙungiyoyin siyasa na mata. A Amurka taron Seneca Falls na 1848 ne ya fito da buƙatar ƙuri'a fili. Niyu Zilan ta fara bai wa mata ƙuri'a a 1893, Birtaniya ta bai wa waɗanda suka kai shekara 30 a 1918 sannan ta daidaita su da maza a 1928, Amurka a 1920, Faransa a 1944, Suwizalan kuwa sai a 1971.

Abin da ba a cika gaya wa ɗalibai ba shi ne, a ƙasashen Turawan kansu an yi wa wannan nema adawa mai tsari, kuma da yawa cikin jagororin adawar mata ne masu ilimi da wadata. A 1908 aka kafa ƙungiyar mata masu ƙin ƙuri'ar mata a Birtaniya, marubuciya Mary Ward tana cikin manyanta, kuma a 1911 Josephine Dodge ta jagoranci kafa irinta a Amurka. Sarauniya Victoria, wadda take kan gadon mulkin daular da ta fi kowace girma a zamaninta, ta ɗauki maganar haƙƙin mata a matsayin hauka. Hujjojinsu kuwa za ki ji kamar a Kasuwar Barci aka faɗe su jiya: cewa gida zai lalace idan mace ta shiga siyasa, cewa mijinta ya riga ya wakilce ta, cewa yawancin mata ba su ma so, cewa siyasa ƙazanta ce da bai kamata a jefa uwa a cikinta ba. Waɗannan mutane ba Musulmi ba ne, ba su kuma karanta Risala ko Mukhtasar ba. Wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa adawar ba mallakin wani addini ba ce, kuma sau da yawa tsoron sauyin iko a cikin gida da gari ne yake sanya rigar da ta fi karɓuwa a wurin.

Duk da haka, zargin da abokan aikinki suka yi yana da inda ya samo tushe, kuma adalci ne a faɗe shi. Lord Cromer, wanda ya riƙe Masar a madadin Birtaniya daga 1883 zuwa 1907, ya yi ta kafa hujja da halin da matan Musulmi suke ciki domin nuna cewa al'ummar Musulmi tana buƙatar jagorancin Turawa. Shi ne kuma da ya koma gida ya shugabanci ƙungiyar da take yaƙi da bai wa matan Ingila ƙuri'a. Mutumin da ya hana 'yar'uwarsa ƙuri'a a Landan ba tausayin matan Alƙahira ne ya dame shi ba. Irin wannan fuska biyu ce ta sa har yau duk maganar mata da ta zo daga waje ake karɓarta da shakka, kuma ban ga laifin mai shakkar ba. Inda aka yi kuskure shi ne a ɗauka cewa tunda wani ya yi amfani da kukan mata domin biyan buƙatarsa, to kukan ƙarya ne.

A ƙasar Hausa gardamar ta girmi zuwan Gwamna Lugga (Lord Lugard) da fiye da shekara ɗari. Lokacin da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo yake yawon wa'azi, wani malami mai suna Mustafa Gwani ya aika masa da baitoci yana neman ya hana mata halartar majalisinsa, saboda gudun cuɗanya da maza. Shehu ya umarci ƙanensa Abdullahi ya mayar da amsa, kuma Abdullahin Gwandu ya adana labarin a cikin Tazyinul Waraƙat. Ma'anar amsar ita ce, su ma ba su yarda da cuɗanya ba, amma barin mata cikin jahilcin addininsu ya fi wannan muni, kuma ana ture babbar ɓarna ne da ƙaramarta. A cikin Nurul Albab kuma Shehu ya soki malaman da suke karantar da almajirai dare da rana alhali sun bar matansu da 'ya'yansu mata ba su san farillan alwala da salla ba. 'Yarsa Nana Asma'u, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, ta mayar da wannan koyarwa aiki: ta naɗa jajis, wato shugabannin mata masu karantarwa, ta ba kowace malfa, suna jagorantar 'yan taru, wato mata masu neman ilimi, daga ƙauyuka zuwa wurinta, suna komawa da waƙoƙin ilimi cikin Hausa da Fulatanci suna karantar da matan da ba su iya fita. Ba zan kira Nana Asma'u 'yar feminizim ba, domin ba da wannan ma'auni ta auna kanta ba, kuma jawo ta cikin rigimar da ba ta sani ba rashin ladabi ne ga tarihi. Amma tambayar da ta tsaya a kanta, wato ko mace tana da haƙƙin sani ko da wasu maza ba su so, ita ce tambayar da Wollstonecraft ta yi a nata zamanin, kowace da hujjarta, kuma babu wadda ta aro daga 'yar'uwarta.

A kudancin Nijeriya matan Aba da kewaye sun tayar wa Turawa da sarakunan da suka naɗa a 1929 a kan batun haraji, aka harbe da dama daga cikinsu, kuma a Abekuta ƙungiyar da Funmilayo Ransome-Kuti ta jagoranta ta matsa har Alake, sarkin garin, ya sauka daga gadonsa na wani lokaci a 1949. Waɗannan mata da mulkin mallaka suke faɗa, ba aikensa suke yi ba.

Babin da ya fi shafarmu mu mazauna Kaduna shi ne na ƙuri'a, domin a nan garin, a zauren Lugard Hall inda majalisar Jihar Arewa take zama, aka riƙe matsayin da ya hana matan Arewa zaɓe. A zaɓen tarayya na 1959 matan Gabas da na Yamma sun jefa ƙuri'a, na Arewa ba su jefa ba, haka kuma aka ci gaba har Jamhuriya ta Farko ta faɗi a 1966. Jam'iyyar NPC mai mulki ta tsaya a kan cewa al'ada da yanayin jama'a ba su yarda ba. Sardauna Ahmadu Bello da kansa, a cikin tarihin rayuwarsa da aka buga a 1962, bai ce abin haramun ne ba. Cewa ya yi mai yiwuwa wata rana a yi, amma ya saɓa wa al'adu da ra'ayin yawancin mazan yankin ta yadda ba zai so ya zama shi ne ya kawo shi ba. Wannan magana ta ɗan siyasa ce mai auna jama'arsa, ba fatawa ba ce, kuma yana da kyau a bambance su. A ɗaya ɓangaren, jam'iyyar adawa ta NEPU, wadda aka kafa a Kano a 1950, ta sa 'yancin mata cikin manufofinta, Malam Aminu Kano yana kafa hujja da Alƙur'ani da tarihin jihadin Shehu, Malam Isa Wali kuma ya yi rubuce-rubuce a jaridar Nigerian Citizen a 1956 a kan haƙiƙanin matsayin mace a Musulunci, waɗanda suka tayar da ƙura sosai. Ke nan gardamar tsakanin Musulmi da Musulmi aka yi ta, kowa da malamansa.

Wadda ta ɗanɗana kuɗar wannan gwagwarmaya a jikinta ita ce Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya, wadda aka haifa a 1933 ta rasu a 2001. Ta shiga NEPU tana yarinya, ta jagoranci reshen mata, ta riƙa shiga gidaje tana yi wa matan kulle magana a kan siyasa da auren dole da ilimi. An yi mata duka, an kore ta daga Kano, an ɗaure ta sau da yawa. Adadin da aka fi ruwaitowa shi ne sau 16. Makamin da aka fi amfani da shi a kanta da abokan tafiyarta shi ne ɓata suna, a ce duk macen da ta hau mumbarin siyasa ba ta da kamun kai, kuma wannan makami har yau bai yi tsatsa ba. Ki duba abin da ake rubutawa a Facebook a ƙarƙashin hoton duk macen da ta fito takara. Yanzu babban asibitin da ke Ƙofar Gayan a Zariya sunanta yake ɗauke da shi.

Akwai wata hujja da nake ganin ta yanke gardamar cewa addini ne ya hana. Dokar Faransa ta 1956 ta bai wa kowane baligi, namiji da mace, ƙuri'a a yankunan da take mulka a Afirka, don haka matan Maraɗi da Damagaram, Hausawa Musulmi 'yan mazhabar Malikiyya, sun sami wannan dama shekara 20 kafin 'yan'uwansu na Katsina da Daura, alhali tsakaninsu tafiyar yini ce. Masar ma a 1956 ta bai wa mata ƙuri'a. Matan Arewacin Nijeriya sai a zaɓen ƙananan hukumomi na 1976 suka fara, a ƙarƙashin mulkin soja, sannan tsarin mulkin 1979 ya tabbatar. Ba a ga gidajen da aka ce za su rushe sun rushe ba. Yau ki je rumfar zaɓe a Rigasa ko Unguwar Sanusi da hantsi, ki ga layin mata da hijabansu, wasu da goyo, wasu sun shimfiɗa ɗankwali a inuwar katanga suna jiran a kira lamba, layin ya kan zarce na maza tsawo. Kuma 'yan siyasar da suka gaji waɗanda suka ƙi abin a jiya su ne suke aika motoci a kwaso su.

Daga shekarun 1960 fafutukar ta Yamma ta sauya alƙibla, ta shiga batun daidaiton albashi da cin zarafi a cikin gida, sannan ta shiga zubar da ciki da ma'anar aure da jinsi. A nan ne saɓanin ya zama na aƙida na gaske, kuma ba a ƙasashen Musulmi kaɗai ba. A Amurka majalisa ta amince da gyaran tsarin mulki na daidaita haƙƙin maza da mata a 1972, amma Phyllis Schlafly, mace 'yar ɗarikar Katolika, ta tara matan aure suka yaƙe shi, har wa'adinsa ya cika a 1982 da jihohi 35 maimakon 38 da ake buƙata. Musulmin da ya ce bai yarda da wasu daga cikin waɗannan buƙatu ba saboda nassi, yana da hujjarsa, kuma ba a kiransa maƙiyin mata saboda haka. Matan Arewa da kansu sun rarrabu a kan hanya. Jam'iyyar Matan Arewa, wadda aka kafa a nan Kaduna a 1963, ta fi mayar da hankali ga jin daɗin mata da yara ba tare da karo da hukuma ba. Ƙungiyar mata ta WIN (Women in Nigeria), wadda ta fito daga wani taro a Jami'ar Ahmadu Bello a 1982, ta ɗauki salon 'yan gurguzu, tana haɗa zaluncin jinsi da na talauci. FOMWAN kuwa, tarayyar ƙungiyoyin mata Musulmi da aka kafa a Minna a 1985 da Hajiya Aisha Lemu a matsayin amirarta ta farko, ta zaɓi ta nemi haƙƙin mata daga cikin Shari'a, ta hanyar makarantu da asibitoci da wayar da kai. A ganina hanya ta uku ce ta fi shiga gidaje, ko da yake ta biyu ce ta fi tilasta wa jama'a tunani.

Shari'ar Amina Lawal ta nuna wannan a sarari. Bayan wata kotu a Jihar Katsina ta yanke mata hukuncin jefewa a 2002 bisa zargin zina, an yi ta aiko da takardun koke daga ƙasashen waje, har sai da ƙungiyar kare haƙƙin mata ta BAOBAB da take taimaka mata ta roƙi a sassauta, domin wasu takardun cike suke da kurakurai kuma suna ƙara tunzura jama'a. Abin da ya kuɓutar da ita a Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a a watan Satumba na 2003 hujjoji ne na fiƙihun Malikiyya, irin su damar janye iƙirari da tsawon muddar da ciki zai iya kwanciya bayan rabuwar aure.

Haka kuma aka gani a majalisa. Nijeriya ta rattaba hannu a yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta kawar da wariya ga mata, ta kuma tabbatar da ita a 1985, amma har yau ba ta zama dokar cikin gida gaba ɗayanta ba. Ƙudurin daidaita dama tsakanin jinsi da Sanata Biodun Olujimi ta gabatar ya faɗi a Majalisar Dattawa a watan Maris na 2016, sanatoci Musulmi da Kirista duk sun soke shi, kuma batun gado na cikin manyan dalilai. A nan ina ganin masu ƙudurin sun yi sakaci, domin wanda ya haɗa abin da Suratun Nisa'i ta ƙayyade da abin da al'ada ta ƙirƙira a cikin jaka ɗaya ya ba abokin gardamarsa damar watsar da jakar duka. Dokar hana cin zarafi ta 2015, wadda ba ta taɓa wannan iyaka ba, ta wuce, kuma Jihar Kaduna ta yi tata a 2018.

Sai dai masu adawar ma akwai tambayar da ba su amsa ba. A zaman sulhu da nakan halarta a unguwarmu, wata baiwar Allah ta zo da 'ya'yanta marayu tana neman rabonta na gidan mahaifinta, wanda yayyenta suka riƙe suna karɓar haya tun rasuwarsa. Ba daidaito da su take nema ba, rabin kason namiji da ayar ta ba ta kawai take nema. Babban yayan ya ce, "Ai ke gidan wasu kika tafi, idan muka ba ki dangin mijinki za su ci." Da aka karanta masa ayar sai ya sunkuyar da kai ya ce ai ba hanawa aka yi ba, ajiye mata ake yi. Wannan mutum idan aka tambaye shi ra'ayinsa a kan feminizim zai ce yana ƙinta ne domin kare Shari'a. Irinsa ne wanda yake sakin mace ya kore ta a daren, ba idda a ɗakinta ba ciyarwa, da wanda yake cire 'yarsa daga aji biyu na sakandare ba tare da ya ji ta bakinta ba. Yawancin koken da matan Kaduna suke kaiwa kotunan Shari'a da ofisoshin sulhu irin wannan ne, gado da ciyarwa da riƙon 'ya'ya da duka, kuma babu ɗaya cikinsu da aka shigo da shi daga Landan ko taron mata na duniya na Beijin.

Game da wakilci a mulki, an sami motsi amma kaɗan. Jihar Kaduna ta zaɓi Dokta Hadiza Balarabe mataimakiyar gwamna a 2019, Kudancin Kaduna ya tura Nenadi Usman Majalisar Dattawa a 2011, ita da Zainab Ahmed kuma duk sun riƙe ma'aikatar kuɗi ta tarayya. Amma a ranar 1 ga Maris 2022 Majalisar Tarayya ta yi watsi da ƙudurori biyar da suka shafi mata a gyaran tsarin mulki, ciki har da na ware musu ƙarin kujeru da wanda zai ba mijin 'yar Nijeriya baƙo damar zama ɗan ƙasa kamar yadda sashe na 26 ya ba matar ɗan Nijeriya baƙuwa, har mata suka yi kwanaki suna zaman dirshan a ƙofar majalisar. Majalisar Dattawan da aka rantsar a 2023 ta fara ne da mata 3 cikin kujeru 109, kafin hukuncin kotu ya mayar da su 4.